Shaolin Temple: Fim ɗin da ya ta da kango, ya kai sunan Shaolin ko'ina a duniya

Jama'a, duk wanda ya tashi yana kallon fim ɗin Chanis, ko a Agege ya girma, ko a Sabon Ibadan, ko a Fatakwal, ya san kalmar Shaolin. Da an ambace ta, abin da ke faɗo wa mutum a rai shi ne wasu masu askin ƙwalkwabo cikin riga ruwan goro, suna tsalle da sanda a gindin dutse. Da yawanmu mun ɗauka wurin nan tun fil azal haka yake, cike da gwanayen faɗa, sai masu fim suka je suka ɗauko abin da suka tarar. To ba haka abin yake ba. Lokacin da masu fim suka isa wurin wajen shekarar 1980, kango suka tarar da 'yan tsofaffi. Fim ɗaya ne, mai suna Shaolin Temple, wanda ya fito a 1982, ya sake cika gidan da mutane, ya fito da Jet Li, ya canza sana'ar gari guda, ya kuma mai da sunan Shaolin hajar da ake sayarwa daga Japan har Zambiya. Yadda hakan ta faru, da abin da ta jawo na alheri da na akasinsa, shi za mu duba.

Yadda gidan yake kafin fim

Shaolin gidan bauta ne na mabiya addinin Buddha. Yana gindin dutsen Song, kusa da garin Dengfeng a lardin Henan, can tsakiyar Chaina. An gina shi a shekarar 495 miladiyya bisa umarnin Sarki Xiaowen, domin wani malamin addinin nasu mai suna Batuo da ya zo daga Indiya. Mazauna gidan masu zaman zuhudu ne: a ƙa'idarsu ba aure, ba cin nama, ba kisa, kai kuma kullum a aske.

Sai mutum ya ce, to me ya haɗa irin waɗannan da faɗa? Dukiya ce. Sarakuna sun ba gidan gonaki masu yawa, kuma duk mai dukiya a lokacin yaƙi dole ya san yadda zai tsare abinsa. A shekarar 621, ana tsakiyar yaƙin neman sarauta tsakanin Wang Shichong da Li Shimin, wani ɗan ɗan'uwan Wang Shichong mai suna Wang Renze ya girke sojoji a kan ƙasar gidan. Masu zuhudun suka goyi bayan Li Shimin, suka taimaka aka ci sansanin aka kama Wang Renze. Li Shimin ne daga baya ya zama Sarki Taizong na daular Tang. Akwai wani allon dutse da aka kafa a 728, har yau yana nan a harabar gidan, ɗauke da labarin da sunayen mutum 13 da aka yaba wa. Maganar cewa su 13 ɗin nan sun ceci ran Li Shimin da sandunansu, wannan ƙari ne da masu ba da labari suka yi daga baya. A ƙarni na 16 kuma, zamanin daular Ming, an ɗauki wasunsu yaƙi da 'yan fashin teku, a nan ne gwanintarsu ta sanda ta yi suna.

Amma komai nisan jifa ƙasa zai faɗo. A 1928 wani shugaban mayaƙa mai suna Shi Yousan ya cinna wa gidan wuta, manyan ɗakuna da littattafai suka ƙone. Daga 1966 zuwa 1976, lokacin da ake kira Juyin Al'adu na zamanin Mao, aka matsa wa duk wani abu da ya shafi addini, aka kori masu zuhudu da yawa suka koma gona. Zuwa ƙarshen shekarun 1970, waɗanda suka rage a Shaolin ba su wuce goma sha wani abu ba, yawanci tsofaffi, suna noma ɗan abin da za su ci.

Abin dariya, a daidai wannan lokacin sunan Shaolin yana kawo kuɗi a Hong Kong, wadda ke hannun Ingila a lokacin. Kamfanin Shaw Brothers ya yi ta fitar da fina-finai da sunan, irin su The 36th Chamber of Shaolin na 1978. Amma yawanci a cikin sutudiyo aka yi su, da bangon katako da fenti. Ba wanda ya taka ainihin gidan.

Yadda aka yi fim ɗin

Abu biyu ne suka haɗu. Na farko, a 1978 Deng Xiaoping ya fara buɗe ƙofar Chaina ga kasuwanci da baƙi, gwamnati tana neman abin da za ta nuna wa duniya. Na biyu, akwai wani ɗan Japan mai suna Doshin So, wanda ya zauna a Chaina yana saurayi, ya koma gida ya kafa makarantar faɗa a 1947 ya sa mata suna Shorinji Kempo, wato damben gidan Shaolin da bakin Japan. Ya tara almajirai masu ɗimbin yawa, a 1979 kuma ya kai ziyara Shaolin. Wani babban jami'in gwamnatin Chaina, Liao Chengzhi, wanda ke kula da harkokin Hong Kong kuma ya san Japan sosai, ya ga cewa akwai kasuwa a sunan nan. Shi ya ba masu fim na Hong Kong da ke ɗasawa da gwamnatin Beijing shawarar su yi fim a ainihin wurin. Kamfanin Chung Yuen ne ya ɗauki aikin.

Da farko an soma da wani darakta da 'yan wasa na al'ada, abin bai yi armashi ba. Sai aka miƙa wa Zhang Xinyan. Shi kuma ya yanke shawarar da ta canza komai: ya ajiye 'yan fim, ya shiga ƙungiyoyin wasanni na larduna ya ɗebo zakarun wushu.

A nan ya kamata a ɗan tsaya a gane wani abu. Wushu, a yadda gwamnatin Chaina ta tsara shi tun shekarun 1950, wasan motsa jiki ne. An tattaro tsofaffin salon faɗa, aka gyara su suka zama jerin motsi da mutum zai yi shi kaɗai a fili, alƙalai su ba shi maki kan sauri, tsalle, da tsaftar motsi. Ɓangaren da ake dukan juna da gaske daban yake, sunansa sanda da bakinsu, kuma ba ruwansa da sandar kiwo tamu, kalmar ce kawai ta zo ɗaya. Saboda haka mutanen da muka gani a fim ɗin da kai a aske 'yan wasan gwamnati ne, ba masu zuhudu ba. Yu Hai, wanda ya fito a malamin jarumi, gwanin salon ƙoƙi-ƙoƙi ne daga Shandong. Yu Chenghui, bos ɗin fim ɗin, gwanin takobi ne mai hannu biyu. Hu Jianqiang da Ji Chunhua daga ƙungiyar Zhejiang suka zo. Su da kansu suka riƙa tsara faɗan, kowa ya kawo abin da ya fi iyawa.

Jarumin kuwa yaro ne ɗan Beijing mai suna Li Lianjie, an haife shi a 1963. Mahaifinsa ya rasu yana ɗan shekara biyu, gidansu ba su da hali. Ya fara wushu yana ɗan shekara takwas a hannun koci Wu Bin. A 1974, yana da shekara 11, yana cikin tawagar da ta yi wasa a gaban shugaban Amurka Richard Nixon a fadar White House. Kafin ya cika shekara 17 ya ci kambin ƙasa gaba ɗaya har sau biyar. Shi da bakinsa ya sha faɗa cewa yuan ɗaya ake biyansa a rana lokacin ɗaukar fim ɗin.

Labarin da ke ciki

Labarin ba shi da wuyar bi. Wang Renze ya kashe mahaifin wani yaro a wurin aikin dole, yaron ya tsere da rauni, masu zuhudun Shaolin suka tsince shi suka yi jinyarsa. Ya zauna a wurinsu, aka sa masa suna Jue Yuan, amma zuciyarsa ba ta wajen bauta, tana wajen ɗaukar fansa. Ya koyi faɗa, ya haɗu da wata yarinya makiyayiyar tumaki wadda ashe 'yar malaminsa ce, ya taimaki Li Shimin ya kuɓuta, abin da ya jawo sojoji suka auka wa gidan. A ƙarshe ya kashe bos, amma ya zaɓi zaman zuhudu, yarinyar tana kallo ana yi masa alƙawarin da ya raba su.

Akwai barkwanci a ciki, har da wurin da ya kashe karen yarinyar bisa kuskure, aka gasa aka cinye, abin da ya saɓa wa dokar gidan ƙarara. Akwai kuma waƙar makiyayiya da Zheng Xulan ta rera, wadda har yau tsofaffi a Chaina ke tunawa.

Amma ba labarin ne ya kama mutane ba, jikin 'yan wasan ne. A fina-finan Hong Kong da yawa, igiya ce ke ɗaga mutum, ko a yanka hoto a haɗa, ko wani ya yi faɗan a madadin jarumi. A nan kuwa kyamara na tsayawa nesa, ta bar mutum ya yi abinsa daga farko har ƙarshe, ka ga ƙafarsa ka ga fuskarsa. Akwai wurin da aka nuna Jue Yuan yana atisaye shi kaɗai, yanayi na canzawa daga bazara zuwa hunturu, yana sauya makami daga mashi zuwa takobi zuwa sanda. Bayansa kuma ainihin wurin ne: dutsen Song, dajin hasumiyoyin kaburbura sama da 200, da ɗakin da daɓensa ya lotsa wuri-wuri, wanda ake cewa sawun masu atisaye ne na ɗaruruwan shekaru.

Abin da ya faru a Chaina

Fim ɗin ya fara fita a Hong Kong ranar 21 ga Janairu, 1982, ya tara sama da dalar Hong Kong miliyan 16. Amma a cikin Chaina ne abin ya zama kamar gobarar daji. Ku tuna mutanen nan sun yi shekara kusan 30 ba a yi musu irin wannan fim, sai na farfagandar jam'iyya. Kuɗin shiga a wurare da yawa mao ɗaya ne, wato kamar yadda kwabo goma yake a naira ɗaya. Duk da wannan araha, alƙaluman da aka fi ambata sun ce ya tara sama da yuan miliyan 160. In ka yi lissafi za ka ga ɗaruruwan miliyoyin tikiti ke nan, a ƙasar da a lokacin take da mutum kimanin biliyan ɗaya. Wasu sun kalla sau biyar, wasu sau goma.

Daga nan sai yara suka fara guduwa daga gida. Yaro zai shiga jirgin ƙasa ba tikiti, ya nufi Henan, wai shi zai zama Jue Yuan. Su isa su tarar ba masaukin da zai ɗauke su, ba malaman da za su koya musu. Mutanen Dengfeng, waɗanda manoma ne talakawa, suka ga kasuwa ta zo har ƙofar gida. Duk wanda ya iya ɗan wani abu ya kafa makaranta. Wadda ta fi girma ita ce Tagou, wadda Liu Baoshan ya fara a 1978 da 'yan ɗalibai ƙalilan. Bayan fim ɗin ta yi ta bunƙasa har ta haura ɗalibai 30,000, kuma yaranta sun yi wasa a bikin buɗe gasar Olamfik ta Beijing a 2008. Yau Dengfeng na da irin waɗannan makarantu gommai. Masu yawon buɗe ido su ma suka yi ta kwarara, har suka kai miliyoyi a shekara. Gwamnati ta sake gina ɗakunan da suka ƙone, a 2010 kuma hukumar UNESCO ta sa gidan cikin wuraren tarihi na duniya tare da sauran tsofaffin gine-ginen Dengfeng.

Cikin yaran da fim ɗin ya ja akwai Wang Baoqiang, ɗan manoma daga lardin Hebei, wanda ya tafi Shaolin yana ɗan shekara takwas, ya yi shekaru a can, daga baya ya zama ɗaya daga cikin manyan 'yan fim na Chaina. Amma irinsa nawa ne? Yawancin ɗaliban makarantun nan 'ya'yan manoma ne da 'yan ci-rani, waɗanda iyayensu suka tafi birni neman kuɗi ba mai kula da su a gida. Suna tashi tun asuba, su yi gudu, su yi atisaye, karatun boko kuma ɗan kaɗan. In sun gama, mafi yawa gadi suke samu, ko aikin soja da ɗan sanda, ko koyarwa, ko faɗuwa daga bene a madadin jarumi a fim. Jaridun Chaina sun sha kawo rahoton duka da raunata yara a wasu makarantun. Wannan ma gadon fim ɗin ne, kuma bai kamata a ɓoye shi ba.

Yadda ya tsallaka ƙetare

A Japan fim ɗin ya samu ƙasa a share, saboda almajiran Shorinji Kempo sun daɗe suna jin sunan gidan. Ya shiga sahun fina-finan waje da suka fi ciniki a can, kuma Japanawa sun daɗe suna kiran jarumin da sunansa na yanka, da irin lafazinsu. A Filifin kuwa masu talla suka ga sunan Li Lianjie zai yi wa mutane wuyar faɗa, sai suka rubuta Jet Li a fosta, suna kwatanta saurinsa da jirgin sama. Sunan da ya bi shi ke nan har yau.

Ba wannan fim ne ya fara kai faɗan Chanis Turai da Amurka da Afirka ba. Bruce Lee ya riga ya yi wannan aikin da The Big Boss a 1971, Fist of Fury a 1972, da Enter the Dragon a 1973, shekarar da ya rasu. Jackie Chan ma ya riga ya fito da Drunken Master a 1978. Hatta mawaƙan nan na New York, Wu-Tang Clan, da suka riƙa kiran unguwarsu Staten Island da suna Shaolin, daga fina-finan Hong Kong suka ɗauko. Abin da fim ɗin 1982 ya ƙara shi ne adireshi. Kafin shi, Shaolin kamar garin tatsuniya ne. Bayan shi, kowa ya san wuri ne na gaske, wanda za ka iya yankar tikiti ka je.

Kuma mutane sun je. Daga ƙarshen shekarun 1980 gidan ya kafa tawagar masu nuna wasa, tana zagaya ƙasashe. A 1992, lokacin da tawagar ta je Amurka, ɗaya daga cikinsu mai suna Shi Yan Ming ya zame ya ƙi komawa. A 1994 ya buɗe makarantarsa a New York, inda ya koyar da mutane irin su RZA na Wu-Tang Clan da ɗan fim Wesley Snipes. An buɗe wata cibiyar a Landan, wata a Berlin a 2001. A 2006 shugaban Rasha Vladimir Putin da kansa ya kai ziyara Shaolin. Shi ma wushu ya samu shiga: a 1990 aka kafa hukumarsa ta duniya a Beijing, a shekarar kuma ya shiga gasar wasannin nahiyar Asiya.

Jet Li kuwa ya yi wasu biyu a kan Shaolin, Kids from Shaolin a 1984 da Martial Arts of Shaolin a 1986. Tauraronsa ya ɗan dusashe, sai Once Upon a Time in China na 1991, inda ya fito a Wong Fei-hung, ya dawo da shi da ƙarfi. Fist of Legend ya biyo a 1994. A 1998 ya shiga fina-finan Amurka da Lethal Weapon 4, inda ya fito a bos, sai Romeo Must Die a 2000, sai kuma fim ɗin Chaina Hero a 2002. A 2008 ya haɗu da Jackie Chan a karon farko a The Forbidden Kingdom.

Yadda ya iso gare mu

A Najeriya, fim ɗin Chanis ya fara ne a gidajen silima, inda ake jera shi da na Indiya da na Amurka. Irin su Pen Cinema ta Agege, wadda yanzu suna kawai ya rage da gadar sama, na cikin wuraren da iyayenmu suka yi kallo. Da silima ta mutu sai kaset ɗin bidiyo ya karɓa, daga baya faifan sidi. Kasuwannin Alaba da Idumota a Legas, Upper Iweka a Onicha, da Ƙofar Wambai a Kano, su suka riƙa raba su lungu-lungu. Gidan kallo ya zama silimar talaka. Yau kuma a wurin masu turi ake zuba wa mutum a memori, wasu ma da fassarar Hausa.

Ta wannan hanyar, yawancinmu mun fara sanin Jet Li ne daga tsakiya, wato daga fina-finansa na shekarun 1990 zuwa sama. Na farkon nasa da yawa ba su taɓa gani ba, alhali shi ne uwar tafiyar.

Akwai 'yan Afirka da ba su tsaya a kallo ba. Dominique Saatenang, ɗan Kamaru, fim ɗin Bruce Lee ne ya fara ɗaukar hankalinsa yana yaro, amma da ya tashi neman ilimin Shaolin ya nufa, har gidan ya naɗa shi jakadansa na al'adu. Daga 2013 ma'aikatar al'adu ta Chaina ta fara ɗaukar nauyin matasan Afirka su yi wata uku a Shaolin, kuma rukunin farko na mutum 20 akwai 'yan Najeriya a ciki, tare da na Tanzaniya, Habasha, Yuganda da Morishiyos. An buɗe cibiyar Shaolin a Lusaka ta Zambiya, inda aka yi gasar Shaolin ta Afirka a 2023. Wushu kuma an sa shi cikin wasannin Olamfik na matasa da aka tsara a Dakar ta Senegal a 2026. Ba sai an faɗa ba, gwamnatin Chaina ba don Allah da Annabi take kashe kuɗin nan ba. Ta gane cewa yaron da ya so Jet Li ya riga ya so wani abu na Chaina, kuma wannan soyayyar tana da amfani inda ake maganar ciniki da siyasa.

Suna ya zama jari, jari ya jawo rigima

Da sunan ya yi tsada, kowa ya kai hannu. Aka fara ganin giyar Shaolin, sigarin Shaolin, magungunan Shaolin. A shekarun 1990 wani kamfani a Henan ya fito da naman gwangwani da tsiren leda da sunan Shaolin, gidan da ba a cin nama a cikinsa. Gidan ya kai ƙara kotu ya yi nasara. Daga nan suka gane cewa in ba su yi rajistar sunansu ba, wasu za su cinye shi. A 1998 suka kafa kamfani, suka yi rajistar ɗaruruwan tambura a gida da waje.

Wanda ya ja wannan tafiyar shi ne Shi Yongxin. Ya shiga gidan a 1981 yana ɗan shekara 16, lokacin yana kango, ya zama shugabansa a 1999. Shi ya kai Shaolin intanet, ya tura tawaga duniya, ya shiga harkar magani da shayi da filaye, har jaridu suka riƙa kiransa mai zuhudu shugaban kamfani. Masu goyon bayansa na cewa ba don shi ba da wasu sun wawashe sunan. Masu sukarsa na cewa ya mai da wurin bauta kasuwa. A watan Yulin 2025 gidan da kansa ya fitar da sanarwa cewa ana bincikensa kan zargin karkatar da kuɗi da dukiyar gidan, da kuma mu'amala da mata har da 'ya'ya, abin da dokarsu ta hana. Ƙungiyar mabiya Buddha ta Chaina ta soke takardar zuhudunsa, aka kawo Shi Yinle daga gidan bautar Farin Doki na Luoyang ya maye gurbinsa.

Waɗanda suka yi fim ɗin kuwa, ƙasa ta fara rufe idonsu. Yu Chenghui ya rasu a 2015, Ji Chunhua a 2018, Yu Hai a 2023. Kafin rasuwarsa, Yu Hai ya sake fitowa a fim ɗin Shaolin na 2011 tare da Andy Lau da Jackie Chan, wannan karon a matsayin shugaban gidan. Jet Li, bayan ya tsira da iyalinsa daga ambaliyar tsunami ta 2004 a tsibiran Maldives, ya kafa gidauniyar agaji ta One Foundation a 2007. Ya rage fim sosai saboda ciwon maƙoƙo da tsofaffin raunukan da ya tara tun yana yaro.

In za ku nema

Duk wanda zai je wurin mai turi, ya ce Shaolin Temple na 1982, na Jet Li, domin akwai wasu masu suna kusan iri ɗaya, har da na Shaw Brothers na 1976 da wancan na 2011. Hoton tsoho ne, wani wurin ma za ka yi dariyar yadda ake mutuwa. Amma ku lura da bangon da ke bayan 'yan wasan, yadda ya tsattsage, da ciyawar da ta fito a tsakar gida, da yadda ba kowa a hanyar dutsen. Haka wurin yake kafin motocin 'yan yawon buɗe ido da shagunan tsaraba su cika shi. Yaron da ke tsalle a gaba kuwa bai kai shekara 20 ba, kuma yuan ɗaya zai karɓa in an tashi aiki da yamma.